Matata ba ta taɓa fara nemana ba: rashin so ne ko wani abu daban?

Baban_Biyu ya rubuta:

Assalamu alaikum 'yan'uwa. Na daɗe ina karanta hirarrakinku ban taɓa sa baki ba. Yau dai abin ya kai ni bango, kuma ba magana ce da zan iya kai wa aboki ko ɗan'uwa ba, don duk sun san matata, ba na so a riƙa yi mata wani kallo.

'Ya'yanmu biyu, ƙaramar tana kan nono har yanzu. Ni gyaran lantarki nake yi, ita koyarwa. Zaman lafiya muke, ban da ɗan abin da ba a rasa ba tsakanin harshe da haƙori. Tana kula da ni, tana tambayar yadda na wuni, in zazzaɓi ya kama ni ba ta runtsawa. Abu ɗaya ne ke ci mini rai: tun da muka yi aure ni ne mai fara nema. Da farko ban damu ba, na ce kunya ce, kuma a lokacin in na matso ina ganin murna a fuskarta. Daga haihuwar nan ta biyu ne komai ya sauya. Ba ta cewa a'a kai tsaye. Ko dai ta riga ni barci, ko ta ce bari ta duba yarinya, ta tafi ta daɗe ba ta dawo ba, ko kuma ta yarda amma jikinta a sandare, idonta a rufe, tana jiran a gama. Wannan na ƙarshen ya fi a'a ciwo a wurina.

Sai na ce bari in janye in ga ko za ta lura. Makonni suka shige ba ta ce uffan ba. Abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne na ga ta saki jiki. Tana dariya, tana zama kusa da ni a kujera, har ta ɗora kanta a kafaɗata muna kallo, abin da ta jima da dainawa. Wato nisan da na yi ne ya ba ta sukuni ke nan?

Tambayata ita ce, mace za ta iya son mijinta alhali ba ta sha'awarsa? Ko kuwa sha'awar ce ta fara mutuwa, soyayyar ma tana hanya? Wallahi ba yawan kwanciya nake nema ba. So nake in ji ana marmarina a matsayina na namiji, ba mai biyan kuɗin makaranta da gyara soket kawai ba. Masu tallar magani don Allah ku yi haƙuri, ba shi na zo nema ba.

Anti_Ungozoma ta rubuta:

Wa alaikumus salam ƙanena. Aikina karɓar haihuwa ne da duba masu jego, kuma tun daga inda ka ce yarinya tana kan nono na fara zargin inda matsalar take. Kafin ka yanke hukunci a kan zuciyarta, bari in gaya maka abin da ke faruwa a jikinta.

Mai shayarwa jikinta yana fitar da sinadarin prolaktin da yawa, shi ne mai kawo ruwan nono. Wannan sinadarin kuma yana danne aikin ƙwan mace, sai istrojin ya yi ƙasa. Shi ya sa mata da yawa ba sa ganin al'ada watanni bayan haihuwa. To istrojin ɗin nan shi ke sa fatar cikin gaba ta yi kauri da laushi, shi ke kawo ni'ima. In ya ragu wurin yakan bushe, fatar ta yi siriri, saduwa ta koma zogi da raɗaɗi. Ƙara da cewa ko an yi mata ƙari an ɗinke, tabon yana iya daɗewa yana ciwo. Ba ƙaramin abu ba ne wannan. Wani bincike da aka yi a Melbourne ta ƙasar Ostareliya, aka wallafa a 2015, ya bi mata sama da 1,200 masu haihuwar fari. Kusan 9 cikin 10 sun ji zafi a saduwarsu ta farko bayan haihuwa, kuma bayan wata 18 kusan kashi ɗaya cikin huɗu suna nan suna jin zafin. Waɗanda aka yi wa tiyata ma ba su tsira ba. Yawancin matan da nake gani ba su taɓa gaya wa mazansu ba. Sai na tambaya da bakina, mu biyu a ɗaki, sannan su sunkuyar da kai su ce eh.

Jiki a sandare da ido a rufe da ka ambata, ni a wurina alamar mai jiran zafi ce har sai an tabbatar da akasin haka.

Akwai wasu abubuwan da nake dubawa. Barci: macen da ke tashi shayarwa cikin dare sannan ta tsaya gaban aji da safe, da ta ga katifa barci kawai jikinta ke roƙo. Ƙarancin jini, musamman in ta zubar da jini sosai wajen haihuwa. Ƙwayar tairod da ke maƙogwaro, wadda a wasu matan takan rikice cikin shekarar farko bayan haihuwa ta kawo kasala da mutuwar jiki. Sai ciwon damuwa na bayan haihuwa. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce kimanin mata 13 cikin 100 da suka haihu suna samun matsalar da ta shafi ƙwaƙwalwa, mafi yawa ciwon damuwa, kuma a ƙasashe masu tasowa adadin ya kusa 20 cikin 100. Ko da yake yadda ka ce tana dariya tana hira, wannan bai fi rinjaye a raina ba. Ka kuma tambaya ko tana allurar tazarar haihuwa ta wata uku-uku ko ƙwaya, don wasu matan suna cewa sha'awarsu ta ragu a kansu, wasu kuma ba sa ganin sauyi. Kada ta daina da kanta, a je a tattauna a canza mata wata hanyar in da buƙata.

Na bushewar nan akwai sauƙi a kusa: jel mai santsi wanda aka haɗa da ruwa, ana samunsa a kantin magani ba sai da takardar likita ba. In kuna amfani da kwaroron roba ku guji mai ko bazalin, suna cinye robar. Amma jel ba zai maye gurbin tambaya ba. Ka tambaye ta, ƙanena, da rana tsaka kuna zaune: ana jin zafi ne?

Mai_Nazari ya rubuta:

Bayanin Anti ya gamsar a kan abin da ya faru bayan haihuwa. Ni kuma ɗaya ɓangaren zan taɓa, wato cewa tun farkon auren ma ba ta taɓa fara nema ba, don na ga shi ne ainihin ƙayar da ke sukarka.

Yawancinmu mun ɗauka hanya ɗaya ce: sha'awa ta taso haka kawai, mutum ya nemi abokin zamansa, jiki ya motsa, a gamsu. Masana ma sun daɗe a kan wannan tunanin. William Masters da Virginia Johnson, a St. Louis ta Amurka, sun auna jikin mutane kusan 700 a ɗakin bincike, suka fito da sakamakonsu a 1966: jiki ya motsa, ya ɗore a sama, inzali, sannan ya sauka. Sha'awa ma ba ta cikin lissafinsu. Helen Singer Kaplan, likita a New York, ita ta sako sha'awa a shekarun 1970, ta ajiye ta a matakin farko. Daga nan duk wanda ba ya jin ta kafin a fara sai a ce yana da matsala.

A shekarar 2000 Rosemary Basson, likita a jami'ar British Columbia da ke Vancouver a Kanada, ta ce abin da take ji daga bakin matan da ke zuwa asibitinta bai yi daidai da wannan tsarin ba. Mata da yawa, musamman waɗanda suka daɗe da aure, suna fara kusantar miji ne ba tare da wata sha'awa a jiki ba. Suna son kusancin, suna son mutumin, sun buɗe ƙofa. In yanayin ya yi daɗi, taɓawar ta yi daidai, hankali ya kwanta, sai jiki ya motsa, sannan sha'awar ta biyo baya. Sha'awa ce ta gaske, sai dai amsawa take yi, ba ita ke kira ba. Macen da haka ginin jikinta yake tana iya shekara da shekaru ba ta fara nema ba, kuma tana son mijinta har cikin ranta. Murnar da ka ce kana gani a fuskarta a farkon aure in ka matso, ita ce wannan. Akwai maza masu irin wannan sha'awar su ma, kuma mutum ɗaya yana iya sauyawa daga wannan zuwa waccan gwargwadon shekaru da hali.

Wani abin da ya taimake ni fahimta shi ne aikin da John Bancroft da Erick Janssen suka yi a cibiyar Kinsey ta jami'ar Indiana. Sun ce ƙwaƙwalwa tana da tsari biyu masu aiki lokaci guda, ɗaya mai ingizawa, ɗaya mai tsayarwa, kamar totur da birki a mota. Mu maza in abu ya tsaya sai mu ƙara taka totur: turare, kyauta, yawan nema. Alhali ƙafa tana kan birki, kuma birkin shi ne tsoron zafi, tsoron sabon ciki, kunne yana wajen kukan jaririya, gajiya, jin kunyar yadda ciki ya saki bayan haihuwa. Sai an ɗaga waɗannan motar za ta tafi.

Kuma ba ku kaɗai ba ne. A babban binciken da aka yi a Birtaniya tsakanin 2010 da 2012, mata 34 cikin 100 da maza 15 cikin 100 sun ce a shekarar da ta gabata sun yi wata uku ko fiye ba sa sha'awar saduwa. Ko littafin ƙungiyar likitocin ƙwaƙwalwa ta Amurka na 2013 bai kira raguwar sha'awar mace ciwo ba sai ta kai kimanin wata shida kuma ita matar da kanta abin yana damunta. Bambancin sha'awa tsakanin miji da mata shi kaɗai ba a lissafa shi a cuta.

Tauraruwa ta rubuta:

Yaya Baban Biyu ka yi haƙuri, ni maganata ba lallai ta yi maka daɗi ba, amma na taɓa zama a inda matarka take.

Gwajin da ka yi ya ba ka amsa, kai ne ka karanta ta a baibai. Ka janye, sai ta matso ta ɗora kai a kafaɗarka. Macen da ba ta son mutum in ya ja baya ita ma ƙara ja take yi, ta ji daɗin faɗin ɗaki. Taka kusantarka ta yi da zarar ta tabbata kusancin ba zai ƙare a gado ba. Ashe tana ƙishin jikinka, abin da ke biyo baya take tsoro.

A gidana haka abin ya kasance. Duk runguma, duk dafa kafaɗa, duk "kin yi kyau yau" na san inda za ta kai. Har na koyi kaucewa tun daga nesa: in ya shigo ina tsaye sai in sami abin ɗauka a hannu. Ina kewarsa muna ɗaki ɗaya. Ba wanda ya koya mini wannan, jikina ne ya koya da kansa.

Sai tambayar da su Anti da Malam Mai Nazari suka yi kawaici a kanta, ni zan yi. Lokacin da komai ke lafiya, tana gamsuwa kuwa? Ka tabbata, ko zato kake? Wani bincike a Amurka da ya tambayi mutane sama da 52,000, aka wallafa a 2018, ya nuna maza masu saduwa da mata 95 cikin 100 sun ce kusan kullum suna kaiwa ga inzali, mata masu saduwa da maza kuwa 65 cikin 100. Wannan ratar ba daga halitta kawai take ba. Yawancin mata shiga kaɗai ba ta kai su, sai an kula da ɗan-tsaka, kuma sai an ba jiki lokaci. Abin takaici ma, sai a 1998 ne wata likitar mafitsara 'yar Ostareliya, Helen O'Connell, ta wallafa aikin da ya nuna yawancin wannan gaɓar a ɓoye take a ciki, ta fi girman abin da littattafan likitanci da yawa ke zanawa nesa ba kusa ba. In masu koyar da likitoci sun yi sakaci da ita har zuwa lokacin, ina ga ango da ba wanda ya zaunar da shi ya yi masa bayani? Ba zarginka nake ba. Amma ba a marmarin abin da ba a jin daɗinsa, kuma mata da yawa sun iya nuna sun gamsu don kada ran miji ya ɓaci.

Abu na biyu, kuma a kan wannan ba na sassautawa: in ka ga jiki a sandare, ido a rufe, ka tsaya. Ko ta ce ci gaba, ka tsaya ka tambaya. Yardar da aka bayar don a huta da magana ba ta gina komai. Kuma in da zafi, duk lokacin da aka daure aka yi, tsokar ƙugu tana ƙara koyon matsewa tun kafin a taɓa ta, sai zafin gobe ya fi na yau.

Abin da ya fitar da mu: muka yi yarjejeniya da baki cewa na wani lokaci akwai taɓawa, akwai runguma, akwai tausa, amma ba saduwa, ko da an ji ana so. Daga baya na ji cewa Masters da Johnson ɗin da aka ambata sun yi amfani da irin wannan hanyar wajen jinyar ma'aurata tun 1970, har yau kuma masu ba da shawara suna koyar da ita. Da aka cire mini tsoron inda abin zai ƙare, ni na fara karya yarjejeniyar.

Ka kuma duba abin da take yi daga dawowarta makaranta zuwa lokacin kwanciya, ka duba naka. In kai kana hutawa ita tana wanka wa yara da duba littattafan ɗalibai, ba a wuri ɗaya dare ke samunku ba.

Dattijo ya rubuta:

Ɗana, na karanta duka. 'Yata Tauraruwa ta faɗi gaskiya, amma ina so kada a wuce ciwonka kamar ba ciwo ba ne. Ana yawan ɗauka namiji jiki kawai yake nema. Kai kuwa ka faɗa da bakinka, so kake a yi marmarinka. Wannan buƙata ce mai kyau, ba abin kunya ba ce, kuma ba za ta tafi don an yi maka bayanin prolaktin ba. Matarka ta cancanci ta ji ta daga gare ka, da irin kalmomin da ka rubuta mana nan. Mu baƙi mun ji, ita mai ɗakin ba ta ji ba.

Ni malamin kimiyya ne mai ritaya, aurena ya girmi wasunku. Ka tambaya ko so da sha'awa suna rabuwa. Suna rabuwa, su sake haɗuwa, su sake rabuwa. Marigayiya Helen Fisher, masaniyar halayyar ɗan'adam da ta yi aiki a jami'ar Rutgers, ta kasa abin gida uku: sha'awar jiki, wadda sinadarin testosteron ke da hannu a cikinta ga maza da mata duka, zazzafar soyayyar farko mai hana barci, wadda ke tafiya da sinadarin dofamin, sai shaƙuwa, wadda ake dangantawa da sinadaran oksitosin da basofresin. Suna taimakon juna amma kowanne da hanyarsa. Matar da ba ta runtsawa in kana zazzaɓi, na ukun nan yana nan daram.

Na ga abin ta ɗaya gefen ma. Da aka ɗora ni a kan wani maganin hawan jini, jikina ya yi sanyi, na daina nema, kunya ta hana ni faɗa. Uwar 'ya'yana ta ɗauka tsufanta ne ya kore ni. Tana kuka a ɓoye, ni ina fama a ɓoye, gado ɗaya. Ranar da magana ta fito likita ya canza maganin, abin ya daidaita. Shi ya sa gwaji da shiru ba ya burge ni. Kana can kana fassara shirunta, ita ma tana nan tana fassara naka, kuma da wuya fassarar ta zama mai daɗi.

Kada kuma ka auna gidanka da abin da maza ke cika baki da shi. Amy Muise da abokan aikinta a Kanada sun duba bayanan mutane sama da 30,000 a 2015, suka ga jin daɗin ma'aurata yana ƙaruwa da yawan saduwa har zuwa kamar sau ɗaya a mako, daga nan ƙarin ba ya ƙara komai a matsakaici. Ba doka ba ce, wasu sun fi haka wasu ba su kai ba, kuma lafiya lau suke.

In kun zauna, ka tambaye ta yadda nata neman yake. Wata ba za ta taɓa faɗa da baki ba har ta tsufa, amma tana da alamarta: ta kwantar da yara da wuri, ta daɗe a zaune kusa da kai, ta taɓa hannunka ba dalili. Mai yiwuwa an sha nemanka ba ka gane yaren ba.

Baban_Biyu ya rubuta:

Na gode ƙwarai, Allah ya saka da alheri. Baba Dattijo, na bi shawararka, na karanta mata abin da na rubuta da bakina. Anti, zarginki ya tabbata. Ta ce tun haihuwar nan akwai wuri ɗaya daidai ɗinkin da ke yi mata kamar ana yanka ta, tun daga farawa. Ta ɗauka haka kowace mace ke ji, haƙuri ake yi. Ta kuma ji tsoron in ta faɗa zan ga ta lalace. Janyewar da na yi kuwa ta lura tun daren farko. Ta ce rabin zuciyarta ya huta, rabin yana cewa na gaji da jikinta ne, shi ya sa take matsowa ta ga ko zan ture ta.

Tambayar Malama Tauraruwa ma na yi, da ƙyar. Amsar ita ce wani lokaci eh, sau da yawa a'a, kuma ba ta san ana faɗa ba. Wannan maganar ba mu gama ta ba, ta yi mana nauyi mu duka, mun ajiye za mu koma. Ta kuma ce takan ji sha'awa jefi-jefi, amma da safe ne in ta sami barci, lokacin ni na riga na fita.

Anti, ga abin da ya rage. Wane likita za mu gani, kuma me za ta ce? Tana jin nauyin buɗe baki a kan wannan. Sannan tana tambaya ko sai ta yaye yarinya kafin abin ya gyaru, don ba ta son yaye ta yanzu.

Anti_Ungozoma ta rubuta:

Ba sai ta yaye ba, ta ci gaba da shayar da 'yarta. Ku je wurin likitan mata, ko ku fara da ungozoma a sashen masu jego ta tura ku. Tana da damar neman mace ta duba ta. Jimla ɗaya ta isa: "Tun da na haihu ina jin zafi wajen saduwa, daidai wurin ɗinki." In bakin ya ƙi, ta rubuta a takarda ta miƙa, muna karɓar irin wannan kullum. Za a tambaye ta ko zafin a bakin wurin yake ko can ciki, ko akwai bushewa, ƙaiƙayi ko fitar ruwa, da irin tazarar da take yi. Ta roƙi a auna jininta da tairod tunda an zo.

Maganin ya danganta da abin da aka gani. Wani tabon tausa da motsa tsokar ƙugu a wurin likitan gashin ƙashi da motsa jiki yake so. Wani akan sami ɗan jan nama da ya tsiro a kan ɗinkin, a ƙona shi da magani a ɗakin dubawa cikin mintuna. In bushewar ta yi yawa likita na iya rubuta man istrojin na shafawa mai ƙaramin ƙarfi. Kaɗan ne ke kaiwa ga a sake gyara ɗinkin. Ka raka ta, amma in an kira ta ka tambaye ta ko tana so ka shiga, kuma in ka shiga ka bar ta ta yi bayani da kanta.

Kafin ranar ku dakata da shiga gaba ɗaya, sauran kusanci ba a hana ba. In kuwa akwai zubar jini, wari, kumburi ko zazzaɓi, kada ku jira ranar da aka ba ku, ku tafi yau.